Tayoyin Bel a Hanyar Fadama

Bana aka zuba wa hanyar fadamarmu marmara, aka yi kwalbati a gangaren da ruwa ke yankewa. Da aikin ya ƙare, wani jikan yayana, magidanci da 'ya'yansa, ya ɗauke ni a bayan babur ya kai ni in gani. Ban gama gyara zama ba muka iso. Na sauka na tsaya a bakin gona ina neman abin da zan ce masa, sai na tarar ya juya baya yana magana a waya. Ban ga laifinsa ba. A wurinsa hanya ce kawai, ta tashi daga gari ta faɗa cikin rake. Ni kuwa na san ta tun tana da hali irin na mutum, akwai inda take yarda da kai, akwai inda take riƙe maka ƙafa har sai ka bar mata takalmi. Waɗanda muka san ta tare a haka duk sun riga ni tafiya. Shi ya sa na ga gara in rubuta, tunda babu sauran wanda zan ce wa "ka tuna?" ya ce mini "na tuna."

A wancan zamani, idan damina ta yi tsakiya, garinmu kan koma kamar tsibiri. Titin da ya haɗa Makarfi da Ikara yana can, mukan ji motoci idan iska ta juyo, amma ko da rani tsakaninmu da gonakinmu babu abin da ke shiga sai ƙafa da kofato da tayar amalanke. Asuba tana da jerinta, ba ta saɓawa. Kwaɗi su yi shiru, ladan ya kira salla, taɓarya ta fara sauka a gidan da ya fi kowa sammako, sa'an nan a fara fito da amalanke gida-gida. Kowane da kukansa. Kana kwance a ɗaki za ka iya cewa na gidan wane ne ya wuce, domin wani na kuka kamar tsohon ƙyaure, wani na tari, wani kuma mai shi ya ƙosar da shi da giris har ba ka jin komai sai numfashin shanu. Aikina na farko kowace safiya shi ne in ba bijimanmu biyu dusa da kanwa, in danna tayoyi da babban yatsa in ji ko iska ta kwana. Yanzu babura ke buɗe asuba, da kekuna masu ƙafa uku, da injunan ban ruwa, kuma duk muryarsu ɗaya. Ba na iya gane kowa daga ɗaki.

Tayar amalanke a lokacin tsohuwar tayar mota ce da direba ya gama cin moriyarta. Sabuwa ba ta zuwa ƙauye. Takan iso mana sumul kamar tafin hannu, tif ɗin cikinta kuwa faci ya fi roba yawa. Hanyar fadama tana da ƙayar bagaruwa a tudu, a gangare kuma kututturen raken bara, mai kaifi kamar an fiƙe shi da gangan. Idan taya ta sace a can, sai mutum ya kwance ta, ya ɗora a ka, ya kai wa mai faci a bakin titi, yini ya tafi ke nan. Idan ba ta sace ba, tana isa taɓo sai ta yanka shi ta nutse, saboda siririya ce. Don haka da zarar marka ta kankama kowa ke jingine amalankensa a bayan zaure, a koma tafiyar ƙafa har ruwa ya ɗauke. Mahaifinmu kan ce damina ba ta hana kowa zuwa gona, tana dai tambayarsa da me ya zo.

A daminar da nake magana ina saurayi, na gama makaranta ina noma tare da yayana, sai Baba ya kwanta. Ciwon ya fara da ƙafafu. An kai shi asibiti a Ikara, an dawo da magani, ya sha na gargajiya ma, amma ƙafafun suka ƙi tashi. Kansa garau, muryarsa ba ta ragu ba, sai dai jikin kullum yana ƙara komawa cikin riga. Shi ya riga mu sanin inda abin ya dosa. Bai damu da gida ko rumbu ba, waɗannan kowa na ganinsu. Abin da ya hana shi sakewa iyakar gonar fadama ce.

Gonar asalinta ɗaya ce, ta kakan Baba. Da ya rasu aka raba ta tsakanin ɗansa da 'yarsa. Rabon namijin ya gangaro wa Baba, na macen ya gangaro wa ɗanta, wanda muke kira Baffa. Shi da Baba taubasai ne ke nan, ɗan mace da ɗan namiji, kuma sa'o'in juna, tare aka yi musu kaciya. Ban taɓa jin sun gaisa ba tare da tsiya ba, kowa na cewa ɗan'uwansa bawansa ne. Iyakar ta wajen tudu a bayyane take, akwai layin gamba, akwai wata tsohuwar ɗinya. Amma daga ɗinyar zuwa rafi ruwa kan share komai, kuma duk shekara idan aka zo dashen rake sai kunyoyin Baffa su ɗan matso cikin tamu. Baba ya je ya yi ta faɗa, Baffa ya yi ta dariya, a tashi. Mun taso muna jin wannan rigima kamar yadda muke jin kwaɗi. Abin da muka sani shi ne akwai rabin dutsen niƙa da aka binne ranar rabo, shi ne iyakar gaskiya, kuma mutum biyu kaɗai suka rage da suka san inda yake, Baba da Baffa. Al'adar wurinmu ita ce dattijo ya je da kansa, maƙwabcin gona na tsaye, ya nuna wa 'ya'yansa, ya ce daga nan zuwa nan. Idan ya mutu bai yi haka ba, abin da maƙwabci ya faɗa shi ne iyaka.

Wata la'asar ya kira mu, ni da Yaya. Yaya ɗan fari ne, saboda haka Baba bai taɓa kama sunansa ba, "kai wannan" yake ce masa. Ni kuwa Auta.

"Kai wannan, ina so in je fadama."

Yaya ya sunkuyar da kai. "Baba, da an bari ruwa ya ɗauke. Da kaka ko a amalanke sai a je."

"Kaka ta wa? Ka yi shawara da mai ba da ita?"

Sai Yaya ya ce to, za a samo samari huɗu, a cire ƙyauren ɗaki, a shimfiɗa tabarma a kai, a ɗauke shi a kafaɗa. Inna, mahaifiyarmu, tana tankaɗe a bakin ƙofa, sai na ji rariyar ta tsaya.

"Mutum huɗu, a kafaɗa, a ratsa gari da ni," in ji Baba. "Sai ku kira liman ya biyo ku. Wannan ɗauka sau ɗaya ake yi wa mutum, kuma ba ya sanin an yi. Ni da raina a zaune zan je."

"Ko jaki, Baba?" na ce.

"Da wace ƙafar zan riƙe shi, Auta? So kake in faɗo a gaban bawana, ya samu labarin ba jikoki?"

Babu abin da ya rage sai amalanke, amalanke kuma ba shi da tayar da za ta kai shi.

Ranar kasuwar Makarfi muka tafi ni da Yaya, ba don mun san abin da muke nema ba. A layin masu yanka takalman taya da masu ɗinka guga muka ga wani baƙin abu a naɗe kamar tabarma. Mai shi ya ce bel ne, irin mai faɗin nan da ke tafiya da kaya daga inji zuwa inji a masana'anta. Wata masana'anta ce ta tsaya a Zariya aka fara sayar da kayan cikinta, shi kuma ya saro don ya yi takalma, amma abin ya gagari wuƙarsa, masu saye kuma sun ce ya yi nauyi a ƙafa. Yaya ya tsuguna ya duba bakin yankan. Roba ce sama da ƙasa, tsakiya kuma zare ne hawa-hawa, a matse kamar saƙa. Ya ari basilla a gaban mutumin, ya danna da iyakar ƙarfinsa, basillar ta lanƙwashe. Ya ɗago ya dube ni.

"Auta, abin da ya ƙi basilla zai ji tsoron ƙaya?"

Muka ɗaure shi a bayan keke muka turo har gida, domin keken ya ƙi hawuwa da shi.

Maƙerin garinmu, wanda iyayensa suka taso daga Kudan, shi ya tsara mana aikin. A cire tsofaffin tayoyin a bar rim, wato ƙarfen ciki, tsirara. A cike kwarin rim ɗin da guntayen icen ƙirya, a jera su kewaye, kowane ya zarce ƙarfen faɗi, yadda tayar za ta taka ƙasa da fiye da taƙi guda maimakon 'yan yatsu. Sa'an nan a naɗe da bel, a ɗaure da noti har cikin ƙarfe. Yaya ya so a yi mata haƙora irin na tarakta. Maƙerin ya ce tayar da ake ja ba haƙori take bukata ba, tafi take bukata irin na agwagwa. Yankan bel ya faɗo kaina. Na gane ba a yanka shi a kwance. Sai an lanƙwasa shi a kan turmi, Yaya ya taka gefe guda, in ja wuƙa a kan doron ina tsoma ta cikin ruwan sabulu, zaren na tsinkewa ƙas-ƙas, hawa bayan hawa. Hudar noti kuwa da jan ƙarfe daga wuta ake yin ta. Warin robar ya kama rigunanmu, ya shiga tuwo, har Inna ta kore mu bayan gida, matar Yaya kuma ta daina haɗa rigarsa da sauran wanki. Hannuna ya yi kanta, kantar ta fashe, ta sake yi. Baba ya sa a riƙa jingina shi a bakin ƙofar ɗakinsa, inda yake jin bugun guduma. Ba ya tambayar yadda ake yi. Idan mun shigo da almuru sai ya ce, "An kusa?" Mu ce an kusa.

Inda bakin bel biyu suka haɗu, dole ɗaya ya hau kan ɗaya, kuma wannan mun yi masa tunani sosai. Da muka gama tayar farko muka mirgina ta a tsakar gida, muka tabbatar bakin da ke sama ya kwanta yana kallon baya kamar gashin kaza, yadda duk juyi ƙasa za ta shafe shi ta ƙara danne shi. Sa'an nan muka kwantar da ita, muka ajiye ɗaya rim ɗin a gefenta, muka yi ta biyu tana kwaikwayon ta farko, noti da noti, kamar an tsaga kara. Mu manoma ne. Abin da muka sani shi ne bijimai sai sun yi daidai suke huɗa a miƙe, layin shuka kuma da ɗan'uwansa ake auna shi. Mutane suka zo suka gani suka yaba, har da maƙerin. Babu wanda ya tuna cewa rim ɗin mota ta fuska ɗaya yake shiga, kuma tayar hagu da ta dama baya suke ba juna. Bakin da ya kalli baya a dama, idan aka ɗaura shi a hagu gaba zai kalla.

Aka aika wa Baffa. Ya ce a gaya wa bawansa zai jira shi a gindin ɗinya, kada ya makara, ba a barin ubangida a tsaye.

An kwana ana ruwa, gari ya waye fes. Muka shimfiɗa ciyawa da tabarma a amalanken, muka jera buhunan ƙaiƙayi na jingina, muka ɗora Baba da malafarsa, da bargo a kan ƙafafu. Inna ta miƙo goran fura ta koma ciki. Yaya na gaba wajen shanu, ni ina baya. Sabbin tayoyin ba sa kuka. Wani sauti suke yi mai zurfi, dum, duk lokacin da haɗin bel ya taɓa ƙasa, kamar ana buga ganga a wani gari. Mutane suka yi ta fitowa gaisuwa, ana durƙusawa, ana tambayar jiki da ruwa da iyali, Baba yana amsawa a miƙe kamar mai zuwa Juma'a. A tudu na ga ƙayar bagaruwa tana murƙushewa a ƙarƙashinmu. Da muka shiga taɓon farko tayoyin suka hau kansa suka wuce, suka bar sawu mai faɗi kamar an ja tabarma. Yaya ya waiwayo yana dariya, ni ma na yi. Baba ya daɗe bai ga shuka ba. Duk gonar da muka wuce sai ya faɗi wanda ya sare ta tana daji, da wanda ya gada, da shekarar da ta fi ba da dawa. A wani wuri ya ce a tsaya, ya miƙa hannu ya kama ganyen dawa, ya ja shi tsakanin yatsunsa, ya saki, ya ce a tafi.

Ni na fara jin sautin hagu ya canza. Dama na cewa dum, hagu na cewa fat. Na leƙa, na ga bakin bel ɗin ya ɗaga, yana ɗibar laka duk juyi kamar ludayi. Muka tsaya, muka ƙwaƙule lakar, muka daddake shi da dutse, muka ci gaba, muna zaton noti ne ya saki. A gangaren da aka yi kwalbatin nan yanzu, inda taɓo ya fi zurfi, bakin ya kama kututture. Notin suka yage robar ɗaya bayan ɗaya, bel ɗin ya warware kamar rawani, guntayen ƙirya suka watse cikin laka, rim tsirara ya nutse. Amalanken ya karkata, Baba ya zame gefe, na tare shi da ƙirjina. Sai a lokacin na san nauyin da ya rage masa. Shanun suka tsaya suna huci.

Ɗinyar tana can gaba, muna ganinta, ruwa da caɓi a tsakaninmu. Wani mutum da ke zaune a gindinta ya miƙe, ya naɗe wando, ya shigo ruwan da sandarsa. Baffa ne. Ya iso a jiƙe har ƙugu. Ya zagaya amalanken, ya tsuguna wajen tayar dama, ya dawo ya ɗaga bel ɗin hagu da bakin sanda, ya duba inda ya yage.

"Sannunku da aiki, 'ya'yan bawana. Wa ya yi muku wannan?"

"Mu ne, Baffa," in ji Yaya.

"Madalla. Kun yi wa amalanke takalman ƙafar dama guda biyu." Ya juya wajen Baba. "Kai kuma, ɗan namiji, sarautar ta kai haka? A zaune za ka gaida ubangidanka?"

"Ɗan mace, ka rame," in ji Baba. "Raken sata ba ya sa ƙiba."

Baffa ya buɗe baki zai rama, sai idonsa ya faɗa kan ƙafafun, domin bargon ya zame. Ya sha zuwa dubiya, amma a ɗaki mai duhu. Wannan ne ganin farko da ya yi musu a rana. Ya sa hannu ya ja bargon ya rufe, ya kau da kai yana gyara malafarsa.

Yaya ya durƙusa cikin ruwan ya ba Baba baya. "Baba, bari in goya ka. Ba nisa."

Baba ya dubi rigar Baffa inda ruwa ya tsaya, ya dubi gabas inda hadari ya fara haɗuwa, ya daɗe yana kallon ɗinyar.

"In ka zame da ni a ciki, ina za ka sa kanka har ka mutu? Tashi."

"To mu gyara, mu koma, mu dawo jibi," in ji Yaya.

Babu wanda ya maimaita. Duk mun ga yadda numfashin Baba ke fita. Tafiyar ta cinye abin da ya tara mata, babu na jibi. Idan muka juya a haka, mun juya ke nan.

"Ɗan mace."

"Na'am." Ban taɓa jin Baffa ya amsa masa haka kawai ba, ba tare da ƙari ba.

"Tafi da su ka nuna musu."

"Ni? Kura za ka ba ajiyar nama?"

"Wata kurar nake da ita?" Baba ya dube mu. "Ku bi shi. Inda ya tsaya, nan ne."

Na ce ni in zauna da shi, Yaya ya je. Ya ce shanu na nan, sun ishe shi hira, mu biyu yake so mu gani. Muka gyara masa jingina, muka tokare gefen da ya nutse da ice, muka shiga ruwan a bayan Baffa.

Da muka kai ɗinya na waiwaya. A duk faɗin fadamar nan, kore har iyakar gani, babu kowa sai shi, ɗan ƙarami a cikin karkataccen amalanke, malafa a ka, shanu sun sunkuya, balbela ta sauka a bayan ɗaya. Mutumin da ya yi shekaru yana cika wannan wuri da murya, ga shi yana jiran abin da abokin rigimarsa zai ga dama ya nuna. Na sha ganin kaɗaici bayan haka, a tashoshi da asibitoci da cikin gidana, amma da wannan nake auna su.

Baffa ya juya wa ɗinyar baya, ya fuskanci wata giginya da ke hayin rafi, ya fara tafiya a miƙe. Muka bi ta cikin rakenmu har muka kai inda namu ya ƙare nasa ya fara. Yaya ya rage tafiya, yana zaton nan ne. Baffa bai ko dubi wurin ba. Ya kutsa cikin nasa raken, ganye na yankar mana hannu, ya wuce kunyoyi da dama, sa'an nan ya tsaya. Ya soka sandarsa, ya zare, ya matsa kaɗan ya sake sokawa, muka ji ta buga wani abu. Ya ce mu tona. Muka tona da hannu, ruwa na cika ramin, har yatsuna suka taɓa kwarin dutsen niƙa, sumul, da karyayyen gefensa.

"Ku taɓa shi ku biyun," in ji shi. "Ɗinya a ƙeya, giginya a goshi. Ku mayar da ƙasar." Da muka gama ya ƙara da cewa, "Raken bana dai nawa ne, ni na dasa."

Muka komo muka tarar Baba ya sha furarsa kaɗan. Bai dubi Baffa ba, Yaya ya duba.

"A bakin rakensa ko a ciki?"

"A ciki, Baba. Can ciki."

Baba ya rufe ido na ɗan lokaci. Da ya buɗe sai ya ce, a hankali, "Ɓarawo."

"Gurgu," in ji Baffa. Ya ajiye sandarsa ya fara lalubo mana guntayen ƙirya a cikin laka.

Da igiyar rama muka ɗaɗɗaure tayar muka lallaɓo gida, ruwa ya kama mu a bakin gari, Baffa na tafe a gefe yana riƙe da tabarma a kan Baba, suna musu a kan wata akuya da ta ɓata tun suna yara. Baba bai ga kaka ba.

Gyaran tayar bai ci yini ba. Sabon yanki muka yanka, muka juya haɗin, bakin ƙasa ya koma sama. Daga nan ba ta sake buɗewa ba. Tayoyin sun ɗebo rake da taki da amfanin gona shekaru masu yawa, rani da damina, ba famfo ba faci. Aka yi ta zuwa gani daga Furana da Kurmin Kogi, aka kwaikwaya, har ya zama idan marka ta yi za ka ji dum, dum ta ko'ina, kuma duk wanda ya zo koyo abin da Yaya ke fara tambayarsa shi ne ya san hagunsa da damarsa. Sai kekuna masu inji suka shigo, shanu suka yi tsada, aka daina. Yaya ya rasu, maƙerin ya rasu, 'ya'yansa walda suke yi a bakin titi. Yanzu idan iyaka ta rikice, wani ake kira ya zagaya gona da waya a hannu, in ba a yarda ba a tafi kotu, kuma na ga 'yan'uwa sun shekara ba sa gaisawa a kan abin da bai kai faɗin tabarma ba. Ba na cewa da can babu cuta. Akwai. Amma mai cutar ya san inda dutsen yake.

Shekarar da ta biyo bayan rasuwar Baba, da Baffa ya sare rakensa, ya janye da kansa zuwa bayan dutsen. Muka yi dashe, Yaya ya ja igiya daga ɗinya ya saita giginya, bai kauce ko da yatsa ba. Wata safiya muna aiki sai ga Baffa da sandarsa. Muka durƙusa muka gaishe shi, ya amsa. Ya bi iyakar a hankali har rafi, yana dubawa, ya dawo yana dubawa. Bai sami komai ba. Ya tsaya a gefensa na gonar, ya daɗe, yana kallon hanyar da Baba kan ɓullo.

"Kai, babban," ya ce wa Yaya, bai juyo ba. "Ku ɗan shigo cikin tawa mana, ko kaɗan ne. In samu wanda zan yi wa faɗa."